Soyayya da Alatu a Sararin Sama: Wa Ya Mora, Wa Ya Biya?



Duk wanda ya taɓa ganin tsofaffin takardun talla na kamfanonin jiragen sama ya san hoton da zan yi magana a kansa. Ga namiji sanye da kwat, ga mace ta ci ado kamar mai zuwa biki, an shimfiɗa musu farin ƙyalle a tebur, wata budurwa mai murmushi tana yanka musu gasasshen nama, gajimare kuwa yana can ƙarƙashin taga kamar auduga. In mutum ya dubi wannan hoto, sa'an nan ya tuna yadda ya zauna a takure a tafiyarsa ta baya, gwiwarsa tana gogar kujerar gaba, lalle sai ya ce duniya ta ci baya. Turawa ma har suna kiran wancan lokaci zamanin zinariya na tafiyar sama. To, abin da nake so mu bincika yau shi ne, wannan ƙasaita daga ina ta fito, su wa suka more ta, su wa suka ɗauki nauyinta, kuma ina ta tafi? Hausawa sun ce kowa ya tuna bara bai ji daɗin bana ba, amma wajibin mai ilmi ne ya tuna bara yadda take, kada ya yi wa rogo kallon kitse.

Kalmomi biyu ne a kan wannan lacca. Alatu dai kowa ya san shi, watau jin daɗin da ya wuce bukata. Soyayya kuwa ina nufin ta da ma'ana biyu: akwai ta tsakanin namiji da mace, akwai kuma begen da zuciya take yi wa wuri mai nisa da tafiyar da ba kowa yake samun yin ta ba. Za mu ga yadda 'yan kasuwa suka haɗa biyun suka sayar a cikin tikiti ɗaya.

Gadon jirgin ruwa

Jirgin sama bai ƙago alatu ba, gadonsa ya yi daga manyan jiragen ruwa. Attajirin da zai ƙetare Tekun Atlantika a shekarun 1930 ya saba da ɗakin kwana da zauren cin abinci da barori, saboda haka duk mai son ya raba shi da jirgin ruwa sai ya ba shi irin abin da ya saba da shi. Jamusawa suka fara gwada haka da jirage masu kama da ƙatuwar balan-balan. Mafi shahara a cikinsu shi ne Hindenburg, wanda ya fara jigila a 1936. Yana da ɗakunan kwana da zauren cin abinci, har da fiyano da aka ƙera da alminiyam don kada ya yi nauyi. Abin mamaki, akwai ɗakin shan taba a cikinsa, alhali kuwa cike yake da iskar haidurojin mai saurin kama wuta, shi ya sa ake karɓe ashana daga hannun fasinja tun kafin su shiga. Kuɗin zuwa Amurka dala 400 ne. Ranar 6 ga Mayu 1937 ya kama wuta yana shirin sauka a Lakehurst, mutum 35 daga cikin 97 da ke ciki suka mutu, da wani mutum guda a ƙasa. Daga ranar aka daina wannan irin tafiya.

Sai jirage masu sauka a kan ruwa suka karɓi fage. Kamfanin Imperial Airways na Ingila yana tashi daga Southampton, ya sauka Iskandariya, ya bi Kogin Nilu zuwa Hartum, ya sauka a Tabkin Victoria, har ya kai Durban a Afirka ta Kudu cikin kusan mako guda, fasinja suna kwana a otal a zango-zango kamar ayarin fatake. A Amurka kuwa, Juan Trippe, shugaban kamfanin Pan American, ya sa wa jiragensa sunan Clipper, sunan jiragen ruwa masu filafilai na zamanin da, ya kuma sa wa matuƙansa tufafi irin na hafsoshin jirgin ruwa. Babbansu shi ne Boeing 314, wanda guda 12 kaɗai aka ƙera. Yana da gadaje da wurin cin abinci, a can baya kuma akwai wani keɓantaccen ɗaki da mutane suka riƙa kira ɗakin amarya. Ranar 28 ga Yuni 1939 ɗaya daga cikinsu ya tashi daga New York da fasinja 22, ya bi ta tsibiran Azores da Lisbon zuwa Marseille. Tikitin zuwa da dawowa dala 675 ne, kuɗin da a lokacin suna iya sayen ƙaramar sabuwar mota a Amurka.

Ku lura da lissafin, jama'a. Jirgi ƙato, fasinja 22. Sararin da muke gani a hoto muna sha'awa, sararin mutanen da ba su iya biya ba ne. Kuma wannan jirgi ba ya iya hawa sama da hadari, cikinsa yake kutsawa, injuna huɗu suna ruri dare da rana. Farin ƙyalle da cokulan azurfa suna da aikin da suke yi, watau su ɗauke hankalin mai kuɗi daga tsoro da jiri.

A wannan zamani ne kuma filin jirgin sama ya shiga labaran soyayya. Fim ɗin Casablanca na 1942 a filin jirgi ya ƙare, cikin hazo, masoya biyu suna rabuwa, jirgin Lisbon yana jira. Dalilin da ya sa wannan ya taɓa zukatan mutane shi ne, a lokacin wanda ya hau jirgi ya tafi ke nan, ba waya a aljihu, sai wasiƙa bayan makonni, in ma ta zo. Nisa da tsada da haɗari su ne suka ba bankwana nauyi.

Zangon Kano

Kada ku ɗauka wannan labari na nesa ne kawai, domin ƙasarmu tana cikinsa. A watan Nuwamba 1925 jirage uku na sojan saman Ingila suka taso daga Masar suka sauka a Kano. A 1936 Imperial Airways ya buɗe hanya daga Hartum zuwa Kano, daga baya aka miƙa ta Legas. Bayan Yaƙin Duniya na Biyu Kano ta zama babban zango, saboda jirage masu farfela sai sun sha mai in sun ƙetare Sahara ko za su ƙetare ta. Jiragen BOAC na Ingila, da KLM na Holan, da Sabena na Beljiyam mai zuwa Kwango, duk suna yada zango a nan. Akwai tsofaffin hotuna na wani mutum bisa raƙumi a filin jirgin Kano yana busa kakaki idan jirgi zai sauka, kuma irin wannan hoto ne baƙi suke ɗauka su kai gida. Ashe mu ma muna cikin kayan da ake nunawa. Baturen da ya sauko ya miƙe ƙafa na sa'a guda, ya ga raƙumi, ya sayi jakar fata, ya koma kujerarsa, shi a wurinsa ya ga Afirka.

Ranar 1 ga Oktoba 1958 kamfanin da daga baya aka sani da Nigeria Airways ya fara aiki, da jirgin BOAC samfurin Stratocruiser a hanyar Landan da Legas. Wannan jirgi yana da gadaje, yana kuma da matakala mai murɗawa da ke sauka zuwa wani ɗan zauren hira a ƙasa. Amma da jiragen jet masu dogon zango suka yawaita, sai bukatar shan mai a Kano ta ragu, jirage suka riƙa wucewa ta samanmu. Darajar zango tana tare da gajiyar matafiyi, in ya daina gajiya sai ya wuce.

Yaƙin burodi

Yanzu mu zo kan babban dalilin alatun shekarun 1950 da 1960, wanda masu begen zamanin ba su cika ambatarsa ba. A 1945 kamfanonin jiragen sama suka kafa ƙungiyar IATA a birnin Havana. A tarurrukanta ake yanke kuɗin tikitin tafiya tsakanin ƙasashe, gwamnatoci su sa hannu, ba wanda ya isa ya rage. A cikin Amurka kuwa hukumar gwamnati ce take yanke kuɗi da raba hanyoyi. To, ku ɗalibai masu nazarin tattalin arziki, in an hana 'yan kasuwa biyu yin gasa da farashi, da me za su yi gasa? Sai da gyara. Mai tsiren da aka hana shi rage kuɗi sai ya ƙara yaji da albasa. Haka Pan American ya ɗauko abinci daga gidan Maxim's na Paris, wasu suka kawo ƙwan kifi mai tsada da giya iri-iri, ana tura naman a kan amalanke ana yankawa a gaban fasinja.

Abin har ya kai ga ban dariya. A 1958 aka buɗe sashe mai rahusa a jiragen Atlantika, aka yi doka cewa abincin wannan sashe kada ya wuce sanwici, watau burodi da ɗan abu a haɗe. Kamfanonin Amurka suka riƙa ba da burodi biyu da yankan nama a tsakiya. Wasu kamfanonin Turai, musamman SAS na ƙasashen Sikandinabiya, sai suka ɗora cikakken abinci a kan yankan burodi guda, suka ce ai a ƙasarsu wannan shi ne sanwici. Amurkawa suka kai ƙara. Manyan mutane suka zauna a Landan suna muhawara a kan ma'anar burodi, a ƙarshe aka yanke cewa lalle ya zama mai sanyi, marar ado, marar tsada. Wannan ƙaramin labari ya isa ya nuna mana cewa karimcin da muke gani a hoto doka ce ta haife shi. Fasinja ya riga ya biya kuɗin naman tun a wurin sayen tikiti, ko yana so ko ba ya so, wanda kuma ba ya iya biya sai ya zauna gida.

'Yan matan jirgi

Abu na biyu da aka yi gasa da shi, bayan abinci, shi ne mata, kuma a nan ne nake roƙon ku ƙara natsuwa. Mace ta farko da ta yi wannan aiki ita ce Ellen Church, a watan Mayu 1930, a kamfanin Boeing Air Transport. Nas ce, ta kuma iya tuƙa jirgi, amma ba a ɗaukar mata tuƙi. Sai ta kawo shawara a ɗauki ma'aikatan jinya su kula da fasinja, da tunanin cewa in maza suka ga mace tana aiki a sama ba tsoro, su ma kunya za ta hana su nuna tsoro. Aka ɗauki mata 8. Sharuɗɗan su ne kada ta kasance da aure, kada ta wuce shekara 25, kada nauyinta ya wuce kimanin kilo 52, kada tsawonta ya wuce ƙafa 5 da inci 4. Aikinsu kuwa har da ɗaukar kaya da kula da masu amai.

Sannu a hankali aka manta da jinya, aka riƙe kyau. A yawancin kamfanonin Amurka ana auna nauyin ma'aikaciya a kan sikeli, in ta yi aure a sallame ta, in ta kai shekara 32 ko 35 a sauke ta daga jirgi. A 1965 kamfanin Braniff ya sa Emilio Pucci, gwanin ɗinki na Italiya, ya tsara wa ma'aikatansa tufafi hawa-hawa, waɗanda suke rage su ɗaya bayan ɗaya a cikin tafiya, aka kuma yi talla da wannan. A 1971 kamfanin National ya fitar da talla mai hoton budurwa da sunanta, da kalmomi masu harshen damo, har ƙungiyoyin mata suka fito zanga-zanga. Wanda ake so ya gani shi ne ɗan kasuwa namiji mai tafiya da kuɗin ofis. Aka sayar masa da mafarkin soyayya, ita kuwa wadda aka yi tallan da ita, ranar da ta sami soyayya ta gaskiya ta yi aure, ranar aikinta ya ƙare.

Ku dubi labarin Ruth Carol Taylor. Ita ce baƙar mace ta farko da ta yi wannan aiki a Amurka, a 1958, a wani ƙaramin kamfani mai suna Mohawk. Ta tsallake katangar launin fata, amma bayan kimanin wata shida dokar hana aure ta raba ta da aikin. Sai da aka yi dokar 'yancin jama'a ta 1964, ma'aikatan suka yi ta kai ƙara, kafin wannan tsari ya fara rushewa. A 1971 kotunan ɗaukaka ƙara na Amurka suka yanke hukunci biyu: ɗaya ya ce United ba shi da ikon korar mace don ta yi aure, ɗaya kuma ya ce Pan American ba shi da ikon ƙin ɗaukar namiji a wannan aiki, domin asalin kasuwancin kamfanin jirgi shi ne ya kai mutane lafiya. Duk mai cewa a da ma'aikatan jirgi sun fi kyau da ƙuruciya, gaskiya ya faɗa, sai dai ya kamata ya san da wace hanya aka tabbatar da haka.

Abin da hoto ba ya nunawa

Hoto ba ya ɗaukar wari. A wancan zamani ana shan taba a jirgi, har kamfanoni suna raba ta kyauta, kuma a Amurka sai a 1990 aka hana ta a kusan dukan jiragen cikin gida, na ƙetare kuwa sai a 2000. Hoto kuma ba ya ɗaukar makoki. Jirgin Comet na Ingila, jet na farko da ya ɗauki fasinja, ya fara aiki a 1952, amma a 1954 biyu suka tarwatse a sama saboda gajiyar ƙarfen jikinsu. Ranar 24 ga Yuni 1956 jirgin BOAC ya faɗi jim kaɗan bayan ya tashi daga Kano cikin hadari, mutum 32 suka rasu. Kwana shida bayan haka jirage biyu suka yi karo a sama bisa Grand Canyon a Amurka, mutum 128 suka hallaka. Tsakanin 1968 da 1972 an yi fashin jiragen Amurka fiye da 130, abin da ya sa aka fara binciken kowane fasinja a 1973. A 1972 kaɗai mutum fiye da 2,000 suka mutu a haɗarin jiragen fasinja a duniya. Ku gwama wannan da 2017, shekarar da aka ɗauki fasinja kusan biliyan 4, ba a kuwa sami babban jet na fasinja ko ɗaya da ya faɗi ya kashe mutanen cikinsa ba.

Hanya ta rabu biyu

Daga 1970 masana'antar ta tsaya a mararraba. Hanya ɗaya ita ce ta Concorde, wanda Ingila da Faransa suka ƙera da kuɗin harajin jama'arsu. Ya fara jigila ranar 21 ga Janairu 1976, yana gudu ninki biyu na gudun sauti, yana kai mutum daga Landan zuwa New York cikin kimanin sa'a uku da rabi. Kujeru 100 ne a cikinsa, kuma guda 14 kaɗai suka yi aikin fasinja. Talaka ya biya kuɗin ƙera shi, attajiri ya hau. Bayan haɗarin da ya yi kusa da Paris a watan Yuli 2000, inda mutum 113 suka mutu, aka ajiye shi a 2003.

Ɗaya hanyar ita ce ta Boeing 747, wanda ya fara aiki a watan Janairu 1970. Da farko kamfanoni ba su iya cika shi ba, shi ya sa suka yi zauren hira a benensa, American Airlines har ya sa fiyano a sashen gama-gari. Da man fetur ya yi tsada a 1973, sai aka kwashe kayan zaure aka jera kujeru. A 1977 Freddie Laker ya fara kai mutane daga Landan zuwa New York a kan fam 59, mai son abinci ya saya da kuɗinsa. A 1978 Shugaba Jimmy Carter ya sa hannu a dokar da ta sakar wa kamfanonin Amurka mara su yanke farashi da kansu. Laker ya karye a 1982, Pan American kansa ya rufe a watan Disamba 1991, amma ƙofar da aka buɗe ba ta sake rufuwa ba. A 1970 fasinjan jiragen sama a duniya kimanin miliyan 310 ne, a 2019 sun kai kimanin biliyan 4 da rabi. Araha ba ta ado, haka ne, amma ita ce ta kai ɗalibi makaranta a wata ƙasa, ta mayar da ɗan ci-rani gida ya ga mahaifiyarsa. Kakanninmu da suka bi ta Chadi da Sudan a ƙasa zuwa Makka sukan yi shekaru a hanya, wasu ma ba su dawo ba, jikokinsu kuwa cikin sa'o'i kaɗan suke isa Jidda.

Alatun kansa kuma bai mutu ba, bayan labule ya koma. A 2007 Singapore Airlines ya sa ɗakuna masu ƙofa da gado a jirgin A380, a 2008 Emirates ya sa wurin wanka, a 2014 Etihad ya fito da masauki mai ɗaki uku. Ɗakin amaryan 1939 bai kama ƙafar waɗannan ba. Iya kuɗinka iya shagalinka, yau kamar jiya. Bambancin kawai shi ne, a da wanda ba shi da kuɗi yana tsaye a bakin shinge yana ɗaga hannu, yanzu kuwa yana cikin jirgin, a kujerar baya. Yawancinmu da muke kallon tsohon hoto muna ƙyashi, mun ɗauka mu ne mai kwat da ke cin nama, alhali da muna raye a lokacin, wurinmu bakin shinge ne.

Kammalawa

Ban zo nan don in ce matafiyin yau ba shi da abin kuka ba. Yana da shi. A bar mutum sa'o'i a zaure ba wanda zai gaya masa dalili, a ɓatar masa da kaya, a yi wa tsohuwar da ba ta jin Turanci tsawa don ba ta gane lambar kujerarta ba, duk waɗannan laifi ne, kuma rahusar tikiti ba ta wanke su. Amma mu san abin da muke nema. Abin da ya cancanci a ƙwato daga wancan zamani shi ne mutunta fasinja, tare da mutunta mai yi masa hidima, kuma wannan ba ya bukatar cokalin azurfa.

Ku ɗalibai, wasunku za su zauna a ofisoshin da ake tsara sufurin ƙasa. Ƙasashen Afirka da yawa sun kafa kamfanonin jirage bayan samun mulkin kai, domin tuta a wutsiyar jirgi alamar girma ce. Air Afrique, wanda Nijar da Chadi suna cikin ƙasashen da suka kafa shi a 1961, ya rushe a 2002, Nigeria Airways kuma ya daina aiki a 2003. In zamaninku ya zo aka kawo muku irin wannan shawara, ku yi mata tambayoyin da muka yi wa hoton nan tun farko: mutum nawa za su shiga, nawa za su biya, kuɗin wa za a kashe, kuma wane hali za a sa ma'aikata a ciki?

Shugaban taro, a nan zan dakata domin a sami lokacin tambayoyi.